'Yar Kamado Ba Ta da Suna

La'asar ta yi sanyi lokacin da motar baƙi ta baro filin tunawa da mamatan yaƙi a kudancin tsibirin Okinawa. Minori Yonaha ce mai yi musu jagora, kuma babu abin da ke ranta sai ta sauke su a masauki ta ruga gida. Satin nan ta koma aiki bayan jego. Tun azahar ƙirjinta ya cika ya yi tam, ga jaririyarta Mahae can wajen surukarta a garin Itoman, an bar ta da madarar kwalba wadda ta tsana.

"Maijego, zauna mana," in ji Tamanaha direba. "Tsayuwarki ba za ta ƙara wa motar nan gudu ba."

"Kai dai taka. Da kai ne da ɗa mai jiran nono, da tuni ka tashi sama da mu."

"Wa ya ce ba ni da shi? Nawa har ya yi gemu, kuma har yau ni yake tsotsa."

Baƙin nasu mutanen Bolibiya ne, tsofaffin da suka bar tsibirin nan suna yara bayan yaƙi, da 'ya'yansu da jikokinsu. Tun safe take yawo da su. Sun shiga ramukan sojoji, sun ajiye furanni, sun sha kuka, sun share hawaye sun ci taliyar soba, sun sayi mazarƙwaila tsaraba. Haka baƙi suke, kuma ba laifi ba ne. Mutum ɗaya ne bai ɗauki hoto ko sau ɗaya ba, wani tsoho mai suna Seitoku Gushiken, wanda ya wuni rungume da ƙunshin zane. A filin tunawa, inda aka jera baƙaƙen duwatsu masu sunayen waɗanda suka mutu, sai da Minori ta koma ta kira shi. Ta tarar ya ɗora yatsa a kan wani layi. Babu suna a wurin. Abin da aka sassaƙa kawai shi ne: 'yar Kamado Gushiken.

"Ƙanwata ce," ya ce mata. "Kamado uwarmu ce. Yarinyar ba ta kai ranar suna ba."

Yanzu ga shi ya taso daga kujerar baya, yana dafa kujeru ɗaya bayan ɗaya har ya iso gaba.

"Ɗana, in ka wuce gonar raken can, ka tsaya mini. Akwai kogo a bayanta."

Tamanaha ya dubi rana, ya dubi Minori. "Baba, magariba ta kawo jiki. Ba a shiga irin wuraren nan yanzu. Wannan ma ba ya cikin tsarin tafiyarmu."

"Gobe jirginmu zai tashi. Uwata ta mutu a can ƙetare da maganar yarinyar nan a bakinta. Ni ma ka ga yadda na koma. In ban ɗauke ta yau ba, babu mai zuwa."

Kowa a nan ya san abin da yake nufi. Wanda ya mutu a waje, kurwarsa tana maƙale a inda ya faɗi, har sai danginsa sun zo sun kunna turare, sun kira sunansa, sun tsinci ɗan dutse daga wurin sun kai shi gida. Yawanci da wata tsohuwa mai gani ake zuwa, ita ke jan ragamar aikin. Shi wannan bawan Allah daga shi sai ƙunshinsa.

Minori ta buɗe baki za ta ba shi haƙuri, sai maganar nan ta ranar suna ta dawo mata. Tausayi ne ya ja ta, kuma ni ban ga laifinta ba. Amma tausayi ma yana da ranar da yake kai mutum ya baro.

"Zan raka shi," ta ce. "Yanzu za mu fito."

Tamanaha ya yi tsaki, ya faka a gefen hanya. Ya ciro ƙullin gishiri na tsari daga aljihun mota ya cusa mata a hannu. "In kika daɗe, ni dai tafiyata zan yi, in ce wa mijinki kin sami miji a rami."

Suka ratsa gonar. Raken ya fi tsayinsu, ganyensa na karce musu hannu. A ƙarshenta akwai wata tsohuwar ceɗiya, saiwoyinta sun sauko sun rufe bakin kogon, saura 'yar kafa daidai mutum ɗaya. Minori ta kunna tocila, ta juyo ta faɗa masa abin da take faɗa wa 'yan makaranta duk lokacin da za ta shiga da su irin wannan wuri.

"Baba, a ciki ba a kiran sunan mai rai. Ba za ka kira ni ba, ba zan kira ka ba. In ka ji wani abu, kada ka amsa."

"Na sani, 'yata. Kafin a haifi uwarki na sani."

Suka gangara. Ƙasa na da santsi. Kukan gyare da ya cika gonar ya ragu, ya ragu, ya ɗauke. Sai warin danshi da kashin jemage, da wani wari a ƙarƙashinsu kamar na tsohon ƙarfe. Ruwa na ɗiga daga sama, ɗis, ɗis. Hasken tocilar ya faɗa kan fasasshen kwano, da tafin takalmin yaro, da wata kwalbar magani da ta yi baƙi.

Tsohon bai yi dube-dube ba. Kai tsaye ya wuce wani lungu inda rufin ya sauko, ya durƙusa.

"A nan muke," ya ce ƙasa-ƙasa. "Ni ina nan, uwata tana nan. A nan aka haife ta, cikin duhu. Nono bai zo ba, don uwar ba ta ci komai ba. Yarinya ta yi ta kuka. Sai wani soja ya ce a sa ta ta yi shiru, ko shi ya sa ta, tunda abokan gaba suna bisa kanmu. Uwata ta danna ta a ƙirji. Ina ji. Na ji lokacin da ta daina."

Minori ta matso masa da hasken tocilar.

Ya kwance ƙunshin. Turare, 'yar shinkafa, gorar ruwa, ƙaramin ƙoƙo. Ya kunna turaren, ya zuba ruwa a ƙasa, ya lalubo wani dutse da bai wuce ƙwan kaza ba ya ajiye a gabansa.

"'Yar Kamado," ya kira. "Ƙanwata. Yayanki ne. Taso mu tafi gida."

Shiru. Hayaƙin turaren ya miƙe sama sak.

Ya sake kira. Ya kuma sakewa.

"Ba ta san da ita nake ba," ya ce. "Da me zan kira ta? 'Yata, kashe fitilar nan. Ba ta taɓa ganin haske ba, tsoro yake ba ta."

Minori ta saba kashe fitila a kogo. Tana yi wa 'yan makaranta, don su ɗanɗana duhun da kakanninsu suka zauna a ciki. Ta danna.

Duhu ya rufe su. Saura jan kan turaren kawai.

Ɗis. Ɗis.

Sai ɗigar ruwan ta tsaya.

Ta kasa kunne. Numfashin tsohon tana jin sa a damanta. Amma akwai wani a hagunta. Akwai wani a bayanta. Numfashi ne na mutane masu yawa da suka matsu a wuri ɗaya, kowa na ƙoƙarin kada a ji shi. Warin ya canja. Gumi, da fitsari, da ciwon da ya ruɓe.

Sai kukan ya fara.

Ba cikakken kuka ba ne. Ɗan ƙarami ne, a toshe, kamar an rufe bakin jariri da tsumma. Yana yankewa, yana dawowa. Irin wanda Mahae ke farawa da shi in yunwa ta tashe ta, kafin ta buɗe murya.

Nono ya tsinke wa Minori. Ta ji ɗuminsa yana bin rigarta.

Duk wadda ta taɓa shayarwa ta san abin da ya faru. Ba tunani ake yi ba. Kukan yunwa a cikin duhu, baki ne ke riga hankali.

"Na'am, Mahae," ta ce. "Yi shiru, ga Mama nan."

Kukan ya tsaya cak.

"Me kika ce?" in ji tsohon, cikin raɗa. "Yarinya, me kika ce?"

Ta kai hannu za ta toshe bakinta, hannun bai kai ba. An ɗora mata wani abu. Ba shi da nauyi sosai, kuma sanyi ne da shi kamar dutsen rafi. Ya motsa. Ɗan ƙaramin baki ya fara lalube a kan jiƙaƙƙiyar rigarta.

Tocilar ta faɗi, ta kunna kanta a ƙasa. Minori ta dubi hannuwanta. Babu komai. Amma suna lanƙwashe a ƙirjinta yadda ake riƙe jariri, kuma sun ƙi sauka.

Yadda suka fito, ita kanta ba ta sani ba. Tsohon ne ya ja ta da gefen riga, ta hau gangaren da gwiwa da gwiwar hannu. A waje sama ta yi ja, rana ta shige bayan rake. Tamanaha na tsaye a bakin kogon, ya gaji da jira ya biyo su, wayarta da ta bari a mota na hannunsa tana ta ruri. Yana ganin fuskarta wasa ya fita daga bakinsa. Ya ƙwace ƙullin gishirin daga aljihunta ya watsa mata a kafaɗu, a kai, a ƙirji. Hannuwan ba su sauka ba.

"Surukarki ce," ya ce. "Tun ɗazu take kira." Ya danna ya kara mata a kunne.

"Minori!" Muryar tsohuwar na karkarwa. "Yarinyar nan tana cikin kuka sai ta ɗauke. Bakinta a buɗe, tana yi, amma ba sauti. Jikinta ya yi sanyi. Ina kiran sunanta ko ƙifta ido ba ta yi. Mun kira motar asibiti. Kina ina?"

"Inna, ga ni nan zuwa, yanzun nan..."

"Na ce kina ina?"

Ta faɗa mata. Ta faɗi kogon, ta faɗi tsohon da ƙanwarsa, ta faɗi abin da ya fito daga bakinta. Da tsohuwar ta sake magana, karkarwar ta tafi.

"Kada ki zo. Kina ji na? Kada ki sake ki tako ƙofar gidan nan da abin da ke hannunki."

"Inna, 'yata ce!"

"Don 'yarki ce nake faɗa miki. Waccan ta yi shekara da shekaru tana jiran a kira ta, kin kira ta ta amsa. Suna ɗaya ba ya ɗaukar rai biyu, ɗaya ce za ta zauna a ciki. In kina son taki, bar wa waccan sunan. Ki koma inda kika ɗauko ta, ɗan'uwanta ya kira ta da shi, ki sauke ta da hannunki. Ni kuma zan raɗa wa wannan wani."

Sunan nan Minori ce ta zaɓe shi tun cikin bai fito ba. Ita ta ɗinka shi a kan zanen goyo. Ta ji kamar ana yankan naman jikinta. Amma bakin nan mai sanyi yana nan yana tsotso, kuma duk tsotso ɗaya sai ta ji kamar ran 'yarta ake zuƙewa.

"Baba," ta ce, "mu koma."

Tamanaha ya tsuguna a bakin kogon, ya ƙure muryar wayar, ya riƙe ta cikin kafar saiwoyin.

Suka sake gangarawa. Tocilar na nan a ƙasa inda ta faɗi, haskenta ya koma ja. Turaren ya kusa cinyewa. Wannan karon numfashin bai ɓuya ba. Duk inda ta sa ƙafa sai ta ji an janye wata ƙafar an ba ta hanya.

Daga sama muryar surukarta ta sauko, siririya, tana kiran sunan kakarta da ta ba jaririyar.

"Chiru! Chiru, dawo! Chiru, ga gida nan!"

Tsohon ya durƙusa gaban dutsensa. Ya dubi hannuwan Minori, hawaye na bin fuskarsa.

"Mahae," ya ce. "Mahae 'yar Kamado. Yayanki ne. Taso mu tafi gida."

Abin ya daina tsotso. Sai ya ƙanƙame ta. Ƙananan yatsu suka shige mata cikin fata.

"Ba ta so," Minori ta raɗa. "Baba, ba ta so ta sake ni."

"Chiru! Chiru!"

Wani namiji ya yi magana daga can ƙuryar kogon. A hankali ya yi, ba fushi.

"Ku sa ta ta yi shiru."

Minori ta durƙusa. Ba ta da wata dabara sai wadda take da ita a gida. Ta fara jijjiga hannuwanta, tana rera 'yar waƙar da take yi wa tata in barci ya ƙi zuwa, waƙar da ba ta da kai ba ta da gindi, ita ta ƙirƙiro abarta. Muryarta na tsinkewa tana ɗaurawa.

Yatsun suka fara saki.

Ta ci gaba. Kan ya langaɓe a kan hannunta, yadda na jariri ke yi in ya ƙoshi.

Ta sunkuya a hankali, ta kwantar da abin a kan dutsen. Hannuwanta suka sauka.

Tsohon ya naɗe dutsen cikin zane ya ɗaga, har ya yi tangaɗi don nauyi.

A daidai lokacin kuka ya ɓarke daga sama, daga cikin wayar. Cikakken kuka, mai ƙarfi, na jaririya mai rai da ta fusata.

Minori ta miƙe. An riƙe mata gefen siket.

"Baiwar Allah," in ji wata mace, dab da gwiwarta. "Nawa ma ba shi da suna."

Wani hannun ya kama ɗaya gefen.

"Nawa namiji ne."

"Tawa fa? Ko wanne ne, ba ni."

Ta cije leɓenta har ta ji gishirin jini. Sunaye suka yi ta zuwa mata baki, na ɗan ƙanwarta, na 'ya'yan maƙwabta, na yaran da ta yi makaranta da su. Ta haɗiye su duka.

Ta tura tsohon gaba. Siket ɗin ya yage. Takalminta ɗaya ya tafi.

Tamanaha ya zura hannu ya fizgo tsohon, ya fizgo ta. Suka zube cikin rake, su uku. A bayansu, cikin ramin, ruwa ya ci gaba da ɗiga.

Likitan da ya duba jaririyar a daren ya ce bai ga komai ba, sai dai yunwa. Chiru ta rayu. Yanzu tana gudu a tsakar gida, ga baki kamar na kakarta. An je ofis an canja takardar haihuwa, surukar ta ƙona zanen goyon, kuma babu mai ambaton tsohon sunan a gidan, ko da wasa. Minori ta bar jagorar baƙi, tana sayar da tikiti a tashar jirgin ruwa. Tamanaha har yau in hanya ta biyo da shi ta gonar nan, kashe rediyo yake yi.

Dutsen ya isa Bolibiya, an ajiye shi kusa da allon sunan Kamado, inda gidan ke kunna wa magabata turare. Ba a yi sati ba tsohon ya bugo waya. Ya ce ƙanwar tasa tana tashi da kuka da asubarsu, daidai magaribar nan, kuma duk abin da ya yi ba ta shiru. Ya roƙi Minori ta taimaka. Tun daga ranar, kullum in rana ta faɗi wayar na ruri, ta shige ɗaki ta rufe ƙofa, shi ya kara tasa wayar a jikin dutsen, ita ta rera. Ba ta taɓa fashi ba. Ta san in ba a kai wa yarinyar muryar ba, ita za ta fito nemanta.

Bana tari ya kama tsohon. Wani lokacin sai ya huta kafin ya iya gaisawa. Rannan da ta gama waƙar bai kashe wayar ba.

"Kada ki damu, 'yata," ya ce. "Na bar wasiyya. In na tafi, a sa mini dutsen a hannu. Ni zan kai ta wajen uwarmu da kaina."

Minori ta dubi ƙofa. Tana jin Chiru a waje tana faɗa da kyanwa.

"Baba, in ta ƙi bin ka fa?"

Ta daɗe riƙe da wayar tana jin numfashinsa, da wani ƙaramin numfashin a kusa da nasa.